Filtar Baƙin Mai: Yadda Ake Zaɓe Da Canzawa A Ƙananan Motocin Hanyar Birnin Gwari

Cikin kayan da ake canzawa lokacin juye, filtar baƙin mai na daga cikin masu araha, kuma ita aka fi yi wa riƙon sakainar kashi. Mai mota zai tsaya ya tantance galan ɗin mai, ya duba hatiminsa, amma idan aka zo kan filta sai ya ce wa yaron gareji ya je ya karɓo "ta Golf" ko "ta Corolla". Duk wadda ta ɗauru, shi ke nan.

A cikin gari wannan sakacin kan ƙare ne da asarar kuɗi. A hanyar Kaduna zuwa Birnin Gwari, mai tsawon kimanin kilomita 120, ko wadda ta nufi Funtuwa, ko hanyoyin da suka bi gefen dajin Kamuku, lissafin ya wuce na kuɗi. Hanyoyi ne da suka yi shekaru suna fama da 'yan bindiga, kuma ko a lokacin da aka samu sauƙi, babu direban da ke son injinsa ya buga a inda babu gari kusa, sabis na waya kuma yana ɗaukewa. Wannan bayani zai nuna aikin filta, yadda ake gane wadda ta dace da injin, da yadda ake canza ta.

Mene ne aikin filta?

Baƙin mai yana zaune ne a kaskon da ke ƙasan inji. Da an tayar da mota, famfon mai zai zuƙo shi, ya tura shi ta cikin filta, sannan ya wuce zuwa sassan da ke gugar juna. Tazarar da ke tsakanin waɗannan sassa, musamman ƙarafan da kanikawa ke kira metal, ƙanƙanuwa ce ƙwarai, sau da yawa ba ta kai kaurin silin gashi ba. Silin gashin mutum kan kai kimanin maikiron 70, filta mai kyau kuwa tana kama mafi yawan dattin da ya kai maikiron 20 zuwa 30. Dattin nan ya haɗa da garin ƙarfe, da baƙin da ƙonewar fetur ke bari, da ƙurar da ta kuɓuce wa filtar iska.

Ƙurar ita ce babbar matsala a wannan yanki. Motar da ke shiga Randagi, Kuyello ko Dogon Dawa ɗauko masara ranar kasuwa tana shaƙar jar ƙasa a rani, ga hazon hunturu daga Nuwamba zuwa Fabrairu. Ƙura tana ɗauke da yashi mai laushi wanda ya fi ƙarfen inji tauri. Idan ta shiga mai, tana cin ƙarfe kamar sanfefa.

Abubuwa huɗu da ke cikin gwangwanin

Daga waje duk filtoci kamarsu ɗaya. Bambancin yana ciki.

Na farko, takardar tacewa. An naɗe ta ne ninki-ninki domin ta samu faɗi a cikin ƙaramin wuri. Yawan ninkin da ingancin takardar su ke nuna yawan dattin da za ta iya riƙewa kafin ta toshe.

Na biyu, bawul ɗin ratse. Idan takardar ta toshe, ko mai ya yi kauri da sanyin asuba, wannan bawul yana buɗewa ya bar mai ya wuce ba tare da an tace shi ba, domin mai datti ya fi babu mai. Kowane inji da ƙarfin matsin da aka tsara bawul ɗinsa ya buɗe. Idan ya cika saurin buɗewa, mai zai riƙa wucewa da dattinsa kullum. Idan ya ƙi buɗewa, inji zai ji ƙishirwa.

Na uku, bawul ɗin hana komawa. Wata roba ce da ake hangowa ta ƙananan ramukan da ke gindin filta. Ita ke hana mai zubewa ya koma kasko idan an kashe mota. Idan ta lalace ko babu ita, da safe inji zai yi 'yan daƙiƙu yana juyawa a bushe, a ji yana ƙaf-ƙaf kafin ya lafa. A waɗannan daƙiƙun ne inji ke cinyewa a hankali.

Na huɗu, zoben roba da zaren ɗauri, wanda kanikawa ke kira tiredi. Su ne ke riƙe filta a jikin inji su hana yoyo.

Abin lura shi ne, ukun farko ba kullum suke nuna wata alama nan take ba idan sun gaza. Fitilar mai da ke jikin dashbod, mai kama da buta, tana auna matsin mai ne kawai, ba ta san ko mai tsabta ne ko mai datti ba. Mota za ta iya yin watanni da filtar banza ba tare da ta kunna ba.

Iri biyu na filta

Akwai ta gwangwani, wadda ake murɗawa a cire gaba ɗaya a jefar. Ita ce a Golf 3 mai amfani da fetur, da Honda Civic, da Corolla ta shekarun 2003 zuwa 2008. Sai kuma wadda takardar kaɗai ake canzawa, gidan nata yana nan a jikin inji da murfinsa. Irin wannan ake samu a yawancin Corolla mai injin 2ZR-FE da aka fara shigowa da su daga samfurin 2009. Peugeot 206 kuwa ana samun ta da kowane iri, gwargwadon shekara da injin. Shi ya sa sunan mota kaɗai bai isa a sayi filta da shi ba.

A zaɓa da lamba, kada a zaɓa da ido

Kowace filta tana da lambar da kamfanin motar ya ba ta. Misali, 15400-PLM-A02 ta Honda ce, 04152-YZZA6 ita ce takardar Corolla mai injin 2ZR-FE, 056 115 561 G kuma tana hawa injinan fetur da yawa na tsofaffin Volkswagen. Kamfanonin da ke ƙera filta, irin su Mann-Filter, Mahle, Bosch da Denso, suna da nasu lambobin da suka yi daidai da waɗannan, kuma yawancinsu sun ajiye kundin bincike kyauta a intanet. Ana shigar da sunan mota, shekara da lambar inji, ko lambar asali, sai shafin ya fito da wadda ta dace. Da an samu, a ɗauki hoton allon wayar a ajiye, domin ranar da ake buƙata ba lallai ne a samu sabis ba.

Akwai tarko guda ga motocin Kwatano da suka daɗe a hanya: da yawansu an canza musu inji. Lambar shasi mai haruffa da alƙaluma 17 tana ba da bayanin injin da motar ta fito da shi daga kamfani ne, ba wanda ke ciki yanzu ba. A irin wannan hali, lambar da ke buge a jikin injin ita ce abin dogaro.

Ga misalin haɗarin zaɓe da ido. Zaren filtar Toyota da na tsohuwar Golf awon inci ne, 3/4-16, wato faɗin milimita 19.05. Na Honda kuwa M20x1.5 ne, faɗin milimita 20. Bambancin bai kai milimita ɗaya ba, don haka filtar Honda za ta iya hawa kan injin Toyota, a ji kamar ta kama. Amma zaren ya kama ne da baki-baki. Da mai ya yi matsi a kan gudu, ga girgizar ramukan hanya, za ta iya kwancewa ko ta tsinke, lita huɗu na mai su zube cikin minti ɗaya ko biyu. Hatta Toyota da Golf da zarensu ya zo ɗaya, zoben robar Golf ya fi faɗi, kuma bawul ɗin ratsenta sai matsi ya fi yawa yake buɗewa. Ɗauruwa ba ita ce dacewa ba.

Yadda ake rage haɗarin jabu

A manyan kasuwannin kayan mota, kamar Panteka a Kaduna da Ƙofar Ruwa a Kano, ana samun na ƙwarai ana samun jabu, wani lokaci a kwali iri ɗaya. Ba a iya tabbatarwa ɗari bisa ɗari ba tare da an yanka gwangwanin ba, amma waɗannan suna taimakawa:

- A leƙa ƙananan ramukan gindi, a tabbata akwai robar hana komawa kuma ta rufe su ruf.
- A haska ramin tsakiya da fitilar waya. Kada a ga tsatsa, garin ƙarfe ko gam da ya zubo.
- A girgiza ta. Idan wani abu yana kaɗawa a ciki, a ajiye ta.
- A taɓa zoben roba. Ya kasance mai laushi, ya zauna daram a raminsa.
- A duba rubutun jiki da na kwali. Harafin da ya karkace ko fentin da ke gogewa da yatsa alama ce.
- Farashin da ya yi ƙasa sosai da na sauran shaguna shi ma magana ce. Araha ba ta ado.

Dabara mai amfani ga 'yan tasha ita ce, bayan juye a sa bakanike ya yanka tsohuwar filta a ga cikinta. Idan takardar ta yage ko ta lotse, an san daga shagon da ba za a sake saya ba.

Yaushe ake canzawa?

Littattafan mota suna ba da wa'adi biyu: na tuƙi na yau da kullum, da na yanayi mai tsanani, wato ƙura, kaya masu nauyi da yawan tsayawa inji na aiki. Motar da ke wannan yanki tana cikin rukuni na biyu, inda wa'adin da aka fi bayarwa shi ne kilomita 5,000 ko wata shida, duk wanda ya riga zuwa. Direban haya da ke zuwa Kaduna ya dawo kullum yana cin kimanin kilomita 240, ke nan cikin kwana 21 ya cika wa'adin. Ga wanda mitar motarsa ta mutu, ƙirga sawu da sa tunatarwa a kalandar waya ya fi dogaro da launin mai.

Duk juye a canza filta. Barin tsohuwa yana nufin zuba sabon mai a kan dattin da ta tara. Wanke ta da fetur kuma ba ya fitar da abin da ya shige cikin takarda, sai dai ya lalata robobin ciki.

Matakan canzawa

Kayan aiki: sabuwar filta, mai irin wanda littafin motar ya faɗa, sabon wosha na notin kasko, sifana, abin kwance filta, roba ta tarar mai da tsumma. Ƙananan motoci kan ci lita 3.5 zuwa 4.5.

1. A tayar da inji na minti biyar domin mai ya yi ɗumi ya saki jiki, sannan a kashe.
2. A tsayar da mota a wuri mai daidai, a ja birkin hannu, a sa waigi a taya. Idan an ɗaga ta, a tokare da abin tokara mai ƙarfi. Kada kowa ya shiga ƙarƙashin motar da jak kaɗai ke riƙe da ita.
3. A kwance notin kasko, a bar mai ya tsiyaye, a mayar da notin da sabon wosha. A ɗaure da hankali, domin zaren kasko yana saurin lalacewa.
4. A goge ƙurar da ke kewaye da filta kafin a taɓa ta, sannan a kwance ta ta hannun hagu.
5. A duba gindin tsohuwar. Idan babu zoben roba a jikinta, ya maƙale a jikin inji, a ɓamɓare shi. Zobe biyu a kan juna suna iya fashewa a kan hanya, kuma wannan kuskure ya kashe injina da dama.
6. A jera sabuwa da tsohuwa, a gwada faɗin zobe da ramin zare.
7. A shafa sabon mai a zoben sabuwar da yatsa. A murɗa ta da hannu har zoben ya taɓa inji, sannan a ƙara kashi uku cikin huɗu na zagaye ɗaya, ko yadda aka rubuta a jikinta. Ba a ɗaure ta da ƙarfe. Idan ta yi tauri tun zagayen farko, a tsaya, zaren bai hau daidai ba.
8. Ga mai takarda, a kwance murfin da makullinsa, a canza takardar da zoben robar da ya zo a kwalin, a tabbata zoben ya shiga raminsa. Ƙarfin ɗaurin yana rubuce a kan murfi, galibi Nm 25. Murfin roba ne a motoci da yawa, yana tsagewa idan an matsa.
9. A zuba mai, a tayar da inji ba tare da taka totur ba. Fitilar mai ta mutu cikin 'yan daƙiƙu. Idan ta ƙi, a kashe nan take.
10. A bar shi ya yi aiki na minti biyu ana leƙa ƙasa ko akwai ɗiga. A kashe, a jira minti biyar, a duba geji, a cika zuwa layin sama ba tare da an wuce shi ba.

A rubuta kwanan wata da kilomita a jikin filtar ko a waya. Ya fi kyau a yi juye kwana ɗaya kafin doguwar tafiya, a zaga cikin gari, da safe a duba inda motar ta kwana. Yoyon da aka gani a ƙofar gida ya fi wanda aka gano bayan an wuce Buruku.

Tsohon mai fa?

Man da aka juye yana ɗauke da gubar da ke cutar da fata da ƙasa. Kada a zubar da shi a kwata ko gona, domin ruwan damina zai kwashe shi zuwa rijiyoyi da rafukan da ke gangarawa Kogin Mariga, inda mutane da dabbobi ke sha. Kada kuma a shafa wa dabba a kan ciwo ko ƙazuwa. A zuba a jarka mai murfi a kai wa masu juye da ke tara shi.

Idan fitilar mai ta kunna a kan hanya

Wannan fitila tana nufin matsin mai ya faɗi, kuma inji ba ya jure hakan na dogon lokaci. A sauka gefe da zarar an samu wurin da za a iya tsayawa, a kashe, a duba geji da jikin filta. Sau da yawa filta ce ta saki ko zobe ya fashe, gyaran da bai wuce minti goma ba idan akwai kayan. Shi ya sa ya dace duk motar da ke bin wannan hanya ta ajiye filta guda mai lambar da ta dace, da abin kwance ta, da galan ɗin mai a but, kusa da safaya.