Idan ma'aikaci ya rasu, wa ke da haƙƙin kujerarsa?

A Tasawa ko Mayahi, idan malamin lakwal ko ma'aikacin gidan likita ya rasu, bayan sadakar uku da ta bakwai sai a fara tambaya: shin gwamnati ba za ta ɗauki ɗansa a madadinsa ba? Tambayar tana da dalili, domin sau da yawa albashin mamacin ne ke riƙe da gida, har da dangin ƙauye.

A Nijar, doka mai lamba 2007-26 ta ranar 23 ga Yuli 2007, wadda ta tsara aikin gwamnati, ta sa jarrabawar konkur a matsayin babbar ƙofar shiga aiki. Abin da ke zuwa hannun iyalin cikakken ma'aikaci kuɗi ne: kuɗin rasuwa da fanshon mata da marayu. Kujerar kuwa ba ta shiga rabon gado.

Akwai ƙasashen da suka buɗe wata ƙaramar ƙofa ta tausayi, inda ake ɗaukar mutum guda daga iyalin mamaci ba tare da gasa ba. Indiya na daga cikinsu, kuma kotunanta sun daɗe suna warware rigimar da ke biyo baya. A 1994 Kotun Ƙolin ƙasar ta ce wannan ɗauka ba haƙƙin gado ba ce, agaji ne don fitar da iyali daga ƙuncin da mutuwa ta jefa su, kuma a ƙananan muƙamai kaɗai. Gwamnatin tarayyar ƙasar ta taƙaita ta ga kashi 5 cikin 100 na irin waɗannan guraben.

Sai dai ko cikin tausayin ma an samu wariya. Dokar jihar Uttar Pradesh ta yarda a ɗauki ɗa namiji ko da yana da aure, amma ɗiya sai wadda ba ta yi aure ba. A 2015 babbar kotun Allahabad ta soke wannan sharaɗi, bisa hujjar cewa aure ba ya raba ɗiya da iyayenta. A 2018 kuma Kotun Ƙoli ta hana hukumar jiragen ƙasa ƙin ɗaukar ɗan mace ta biyu, ko da yake dokar auren Hindu ba ta amince da aure na biyu ba. Yaro bai zaɓi ɗakin da aka haife shi ba.

Pakistan ta bi wata hanyar daban. A watan Oktoba 2024 Kotun Ƙolinta ta soke tsarin, tana mai cewa ba ƴaƴan ma'aikata aiki ba tare da gasa ba zalunci ne ga sauran ƴan ƙasa.

Wannan hujja ta shafe mu. Maraya ɗan manomi a Kornaka ko Kanan Bakashe shi ma ya rasa uba, kuma babu fansho da ke jiransa. Malamin kwantaragi da ya rasu kafin ya samu lambar aiki, iyalinsa ba sa cikin sahun iyalin cikakken ma'aikaci. Idan aka ce gurbi na ɗan ma'aikaci ne, waɗannan su ne za a tura baya.

Saboda haka, duk lokacin da aka kawo shawarar irin wannan ɗauka, a gwamnati ko a ma'aikatar magajin gari, abu uku ya kamata a tambaya. Shin an rubuta ƙa'idar an kafa ta inda kowa zai gani? Shin buƙatar iyali ake dubawa ko sanayya? Shin ɗiya da ɗa, ɗan uwargida da ɗan amarya, duk ɗaya ne a gabanta? Kafin nan, abin da ya fi gaggawa ga iyalin mamaci shi ne su haɗa takardar rasuwa, ta aure, ta haihuwar yara da ta magada daga kotu, su nemi kuɗin da doka ta riga ta ba su.