Me ke Juya Farashin Wake a Maigatari?

Najeriya ce kan gaba a duniya wajen noman wake, Nijar na biye mata, amma wanda muke nomawa a Najeriya ba ya isarmu. Shi ya sa kowace Alhamis waken Damagaram ke haɗuwa da na Gumel, Gagarawa da Sule Tankarkar a kasuwar Maigatari, 'yan kasuwa su yi lodinsa zuwa Dawanau da Kudu.

Farashi na bin albarkar damina, canjin sefa, da halin iyakar Najeriya da Nijar, kamar rufewar 2019 da ta 2023.

Yadda ake ajiye wake ma na shafar kasuwarsa: Tarayyar Turai ta hana shigar busasshen waken Najeriya a 2015, saboda fiya-fiyar da ake zubawa don kashe ƙwari. Mafita ita ce buhun PICS, mai toshe iska har ƙwarin su mutu.