Aikin Mutanen Madina

Masu ƙaga labaru a Turai da Amurka suna da wata dabara da su ke so ƙwarai. Sai su ƙirƙiro wata duniya tasu, su ce akwai wani ɓoyayyen ƙarfi da ya cika sararinta kamar iska, kome aka yi, kome aka faɗa, yana nan ajiye a cikinsa, wanda ya san asirin sai ya je ya ɗebo. Ba su suka fara ba. 'Yan ƙungiyar Tiyosofi, wadda aka kafa a birnin Niyok cikin 1875, sun yi ta faɗin irin wannan, har suka aro kalmar Indiya, akasha, watau sarari, suka laƙaba masa. Babu wanda ya taɓa ganin ƙarfin nan, balle ya auna shi. Amma tambayar da ta haife shi ta gaske ce: in mutum ya mutu, ina abin da ya sani ya ke tafiya?

In kun tambayi malami a ƙasar Hausa, zai ambaci Lauhul Mahfuz, inda aka rubuta kome. Wannan kuwa sha'anin imani ne, ba a haɗa shi da tatsuniya, kuma ɗan Adam ba ya leƙa shi. Ma'ajin da mutum ke iya zuwa da ƙafarsa ya duba, a wajen malamanmu, gari ne, shi ne Madina.

Imamu Malik ɗan Anas, wanda Hausawa ke bin mazhabarsa, a Madina ya zauna har ya rasu cikin 795, watau 179 ta Hijira. Ra'ayinsa shi ne, abin da jama'ar Madina suka gada suna aikatawa hujja ne, wani lokaci ma ya fi labarin da mutum guda ya karɓo daga mutum guda. Dalilinsa ba wuya. Mutum ɗaya ya kan manta. Amma kiran salla da a ke yi sau biyar kullum a kunnen kowa, tun zamanin Annabi, tsira da amincin Allah su tabbata a gare shi, ta yaya gari duka zai manta shi dare ɗaya?

Ga misalin da na fi so. Mutanen Iraki sun ce sa'i, ma'aunin da a ke fid da zakka da shi, nauyin ridili 8 ne, na Madina suka ce 5 da sulusi. An ruwaito cewa Abu Yusufu, almajirin Abu Hanifa, wanda ya yi alƙalanci a Bagadaza, ya zo Madina ya nemi hujja. Ba a buɗe masa littafi ba. Sai jikokin Sahabbai suka yi ta zuwa, kowa da sa'in gidansu, yana cewa daga ubansa ya gada, shi kuma daga nasa uban. Da aka auna aka tarar bakinsu ɗaya, sai Abu Yusufu ya bar ra'ayinsa ya bi nasu. Ku lura, kalmar nan mudu da ku ke ji a kasuwa daga Larabci ta fito. Amma mudun kasuwa dabam, kowane gari da girman nasa. Na zakka shi ne mudunnabi, ƙarami ne, huɗu ke yin sa'i.

Ba kowa ya yarda da Malik ba. Laisu ɗan Sa'ad, malamin Masar, ya rubuta masa takarda ya tuna masa Sahabbai sun watsu cikin ƙasashe, kowa ya tafi da abin da ya sani, kuma malaman Madina kansu sun saɓa wa juna. Shafi'i, almajirinsa, shi ma ya yi gardama. A ganina suna da gaskiya a kan abin da aka yi a ɗaka, amma a kan abin da a ke yi a bainar jama'a, kamar awo da kiran salla, maganar Malik ba ta tunkuɗuwa.

Har wa yau daga Madina karatun allonmu ya fito. Nafi'u, makarancin garin, ya rasu cikin 785. Warshu ya zo daga Masar ya yi karatu wurinsa, ruwayarsa ta bi ta Afirka ta Arewa, ta ƙetare Sahara, ita ce gardawa ke haddacewa a tsangaya. Makarantun Islamiyya sun fi bin ruwayar Hafsu, amma maɗaba'ar Sarki Fahad da aka buɗe a Madina cikin 1984 tana buga duka biyu.

Madinar da Malik ya sani kuwa ba ta nan. Faɗaɗa masallaci ya haɗiye kusan dukan tsohon garin, ƙubbobin maƙabartar Baƙi'a an rushe su cikin 1926. Alhajin da ya je neman kabarin Malik, sai an nuna masa, don babu suna a kai. Mudunnabi dai yana nan a gidajen Kano da Katsina, a ƙarshen azumi a ke fito da shi a auna gero ko dawa.