ƘARARA: Tsiron da manoma ke gudu, masana ke nema

Da zarar damina ta ja baya, iskar hunturu ta fara kaɗawa, masu shiga kurmi da bakin fadama a yankin Kalgo da Gwandu na Jihar Kebbi sukan yi kaffa-kaffa da ƙarara, tsiron da ke yaɗo yana nannaɗe bishiyoyi. Masana kimiyya na kiran sa Mucuna pruriens, kuma dangin wake ne. Da damina yake fitowa, ya yi fure mai launin shunayya, sannan ya bushe da rani.

Me ke jawo ƙaiƙayin?

Ƙananan gasu masu ruwan ƙasa-ƙasa ne suka lulluɓe kwanson 'ya'yansa. Idan kwanson ya bushe, taɓawa kaɗan ko iska ta isa ta watsa su. Suna soke fata, su saki wani sinadari mai suna mukunain, wanda ke haddasa ƙaiƙayi mai tsanani da ƙuraje.

Susa ƙara cusa gashin take yi cikin fata. Abin da ya dace shi ne a tuɓe tufafin, a manna salatif a wurin a ɗaye, sannan a wanke da ruwa da sabulu. Idan gashin ya shiga ido, ko numfashi ya fara sarƙewa, a garzaya asibiti.

Amfaninsa

Ƙwayar ƙarara na ɗauke da sinadarin lebodofa, wanda likitoci ke amfani da shi wajen rage alamomin cutar karkarwar jiki ta Fakinsan. Akwai kuma nau'in da ba ya ƙaiƙayi, wanda manoman kudancin Jamhuriyar Benin suka runguma a shekarun 1990 domin danne tofa da farfaɗo da gonakin da suka gaji, kasancewar saiwarsa na ƙara wa ƙasa sinadarin naitirojin.

Inda haɗarin yake

Sinadarin da ke magani shi ne kuma ke cutarwa idan ya yi yawa. A 1989, lokacin yunwa a Mozambik, sama da mutum 200 sun gamu da ruɗewar tunani bayan amfani da ƙwayar da ba a sarrafa ta yadda ya kamata ba. Don haka bai dace mai fama da karkarwa ya daka ƙwayar ƙarara ya sha ba tare da shawarar likita ba.