Karayar Kafaɗar da Cuta Ke Kawowa da Lambar da Ake Ba Ta a Asibiti

Karaya iri biyu ce a wurin likita, ko da a ido duk ɗaya suke. Akwai ta saurayin da babur ya kayar a hanyar Kano zuwa Gwarzo, ƙashinsa lafiya lau, bugun ne ya fi ƙarfinsa. Akwai kuma ta dattijuwar da ta miƙa hannu za ta sauke tulu, ko ta dafa ƙasa za ta miƙe bayan sallah, sai ta ji ƙas a kafaɗa. Ita wannan, cuta ce ta daɗe tana cin ƙashin ta ciki, kamar yadda gara ke cinye azara, ɗaki na tsaye har ranar da ɗan yayyafi zai rufto da shi.

Asibitocin duniya suna da hanyar rubuta wannan bambanci a taƙaice. Hukumar Lafiya ta Duniya tana da kundi mai suna ICD, inda kowace cuta da kowane rauni ke da lambarsa, harafi ɗaya da 'yan alƙaluma. Asalinsa jerin dalilan mutuwa ne da wani Bafaranshe, Jacques Bertillon, ya tsara a 1893. Bugu na goma, wanda har yau aka fi sabawa da shi, ya fara aiki a 1994, na sha ɗaya kuma a 2022.

A bugu na goma, karayar kafaɗa da dantse ta dalilin hatsari tana ƙarƙashin S42: ƙashin wuya S42.0, allon kafaɗa S42.1, kan ƙashin dantse S42.2. Amma idan cuta ce ta raunana ƙashin, sai a bar harafin S baki ɗaya a koma M, sashen cututtukan ƙashi da gaɓoɓi. Zaizayewar ƙashi mai haɗe da karaya M80 ce. Karayar da ciwon daji ya jawo M90.7 ce, kuma ba ta tafiya ita kaɗai, dole a haɗa ta da lambar dajin da ya haddasa ta. Wadda ba ta shiga ko ɗaya ba sai a sa mata M84.4. Ana iya ƙara alƙalami ɗaya a ƙarshe don nuna wurin, 1 na kafaɗa, 2 na dantse. Amurkawa, da yake kamfanonin inshora ne ke biyan kuɗin jinyarsu, sun faɗaɗa abin tun 2015 har lambar na nuna dama ce ko hagu, zuwan farko ne ko dawowa.

Waɗanne cututtuka ne ke yin wannan ɓarna a yankinmu? Sikila na gaba-gaba. Jinin mai sikila kan toshe ƙananan jijiyoyin da ke ciyar da ƙashi, kan ƙashin dantse ya mutu a hankali har ya lotsa, kuma ƙashinsa na saurin kamuwa da ƙwayoyin cuta masu tara mugunya. Yawan wannan lalura na cikin dalilan da suka sa Jihar Kano ta yi dokar gwajin jini kafin aure a 2024. Sai ruɓewar ƙashi a yara, wadda kan fara da zazzaɓi da kumburi, a yi ta shafe-shafe har ƙashin ya rarake. Tarin fuka ma ba a huhu kaɗai yake tsayawa ba. Mata kuwa, bayan ɗaukewar al'ada ƙashi kan yi ta raguwa shiru, ba ciwo ba alama. Ciwon dajin mama da na huhu da na ƙoda da na mafitsarar maza kan yi ƙaura zuwa ƙashi, kuma a dogayen ƙasusuwa, bayan na cinya, dantse ne ya fi samun wannan baƙo. Sau da yawa karayar ce ke fara tona asirin dajin.

Akwai wadda mu ke saye da kuɗinmu. Ƙwayoyin nan irin su dexamethasone da prednisolone da ake sha don ƙiba ko don ciwon gaɓoɓi, ba tare da likita ya rubuta ba, idan aka daɗe a kansu suna cinye ƙashi. Har karayar da suke jawowa lambarta daban a kundin, M80.4.

A garuruwa irin su Getso ko Garo, in mutum ya karye, mai ɗori ake fara nema, kuma ba a banza ba: yana kusa, kuɗinsa da sauƙi, mutane sun ga aikinsa. Sai dai hannunsa karayar yake lalubawa, ba ya ganin abin da ke cikin ɓargo. Zai ja, ya daidaita, ya ɗaure da karare, a zauna jiran ƙashin da daji ya cinye ya haɗe. Watannin da aka ɓata ana jira su ne cutar ke amfani da su ta bazu. Hoton ƙashi guda a babban asibitin Gwarzo kan iya nuna rami ko zaizaya a bakin karayar, daga nan a tura mutum Asibitin Ƙashi na Dala ko Asibitin Koyarwa na Malam Aminu Kano, inda za a yi gwajin jini, wani lokaci a ɗebi ɗan tsokar wurin a duba.

To, ina ruwan majinyaci da lamba? Ruwansa da yawa. Takardar da aka rubuta wa S42 tana gaya wa likita na gaba cewa a gyara ƙashi a sallami mutum. Wadda aka rubuta wa M tana gaya masa akwai sauran bincike. Masu inshorar lafiya, irin su hukumar KSCHMA ta jiha da NHIA ta tarayya, da abin da aka rubuta a takarda suke aiki wajen biyan asibiti. Alƙaluman da asibitoci ke turawa sama duk wata, da su ake tsara inda za a kai na'ura da ma'aikata. Idan duk karayar tsofaffin Kabo aka zuba ta a sahun hatsari, a takarda ƙaramar hukumar ba ta da matsalar zaizayewar ƙashi, don haka ba mai tunanin kawo mata magani. A ganina ma'aikacin ɗakin kati, wanda mu ke ɗauka mai miƙo fayil ne kawai, aikinsa ya fi haka nauyi, kuma ya cancanci horo kamar kowa a asibitin.

Shi kuwa ba ya ƙirƙirar lamba, abin da likita ya rubuta yake bi, likita kuma da bakin majinyaci yake farawa. "Na faɗi" ba ta wadatar. A faɗa masa daga ina aka faɗo, daga kan babur ne ko daga tsaye. A faɗa idan kafaɗar ta yi makonni tana ciwo kafin ta karye, musamman ciwon dare mai hana barci. A ambaci rama, da kullutu a mama, da tari mai daɗewa, da sikila a gida, da duk ƙwayar da ake sha ko da daga kemis aka saye ta. Wanda aka rubuta wa takardar tura shi Dala ya riƙe ta tare da hoton farko, domin da shi likitocin can za su gwada sabon hoto su ga ko ramin da ke cikin ƙashin ya ƙaru.