Labarin Jirgin Fito Bokaciyo, Tun Daga Ƙirarsa Har Nutsewarsa

 Wannan labarin wani jirgin fito ne na Bahar Maliya, wanda ya yi shekara 35 da 'yan watanni yana aiki, sa'an nan ya tafi da rayuka fiye da dubu a dare guda. Mutanen ƙasar Hausa ba baƙin wannan teku ba ne, gama tun zamanin tafiyar ƙasa ta Sawakin alhazansu su ke ƙetarewa zuwa Jidda. Saboda haka ya kamata malamai da fatake su san yadda abin ya auku.

A ƙasar Italiya aka ƙera shi, ya fara aiki cikin 1970 a hannun kamfanin Tirrenia. Tsawonsa kamar ƙafa 430 ne. Shi da 'yan'uwansa da aka ƙera tare duk sunayen mawallafan ƙasar aka sa musu, shi ya sami sunan Bokaciyo, wani marubuci da ya rasu tun 1375. Aikinsa shi ne fiton mutane da motoci tsakanin gaɓar Italiya da tsibiranta, watau Sardiniya da Sisili.

Irin wannan jirgi yana da wata babbar ƙofa inda motoci ke shiga da ƙafafunsu, su jeru cikin wani makeken zaure wanda ya miƙe tun daga goshin jirgi har wutsiyarsa, ba bango a tsakani. Fasinja kuwa suna bisa, cikin ɗakuna. Amfanin wannan ƙira shi ne saurin lodi da saukewa. Aibinta kuwa, duk wanda ya taɓa ɗaukar ruwa a faffaɗan daro ya san shi: da daron ya ɗan karkata, sai ruwan duka ya kwarara gefe guda ya rinjayi mai ɗauka. Haka zauren motoci ya ke idan ruwa ya taru a cikinsa.

Da jirgin ya shekara 21, cikin 1991, sai masu shi suka ga fasinja sun yi yawa, wuri ya yi kaɗan. Aka kai shi maƙerar jirage ta garin Lasfeziya, aka ɗora masa waɗansu benaye bisa na dā. Motar da ya ke ɗauka ta tashi daga 200 zuwa 320, mutane kuwa suka kai wajen 1,300. Tsawonsa bai ƙaru ba, tsayinsa ne ya ƙaru. Duk maginin soro ya san abin da ƙarin bene bisa tsohon tushe ya ke nema na lura.

Ana nan sai masifu biyu suka girgiza Turai. Cikin 1987 wani jirgin fito na Ingila ya kife a bakin tashar Zeburuge ta Beljiyam, mutum 193 suka hallaka. Cikin 1994 kuma jirgin Estoniya ya nutse da mutum 852. Duka biyun ruwa ne ya shiga zauren motoci. Daga nan Turawa suka tsananta dokokinsu, har gyaran tsohon jirgi ya zama ya fi sayar da shi tsada. Tsofaffin jirage suka yi ta gangarowa kudu, inda kuɗin fito ba yawa, bincike kuma ba tsanani.

Ta haka cikin 1999 wani kamfanin Masar mai suna Assalam ya sayi Bokaciyo, aka ƙara masa suna ya zama Assalam Bokaciyo 98, aka rubuta shi ƙarƙashin tutar ƙasar Fanama. Ya koma Bahar Maliya yana jigilar leburori da ƙananan ma'aikata da alhazai tsakanin Masar da ƙasar Makka. Gargaɗi kuwa bai yi ƙaranci ba. Tun cikin Disamba 1991 jirgin Salim Ekspres, yana komowa daga Jidda, ya bugi dutse kusa da Safaga ya nutse da mutum wajen 470. Cikin 2002 kuma wani ɗan'uwan Bokaciyo, mai suna Fetararka, na wannan kamfani, ya kama wuta bayan ya bar tashar Duba, ya nutse.

Ran Alhamis 2 ga Fabrairu 2006, farkon Muharram 1427, da almuru, Bokaciyo ya tashi daga Duba ya nufi Safaga, tafiyar kamar mil 120. Akwai mutum wajen 1,400 a ciki, yawancinsu Misirawa masu neman abinci a ƙasashen Larabawa, da waɗansu alhazai da suka gama aikin Hajji. Ba a yi nisa ba wuta ta tashi a wajen zauren motoci. Sarkin jirgin bai juya ya koma Duba ba, ya ci gaba da tafiya. Ma'aikata suka yi ta kwarara ruwan teku bisa wutar, magudanan da za su fid da ruwan kuwa sun toshe. Waɗanda suka tsira sun ba da labari, ana ta kwantar musu da hankali ana cewa an ci ƙarfin wutar, alhali jirgi yana ta karkata. Bayan tsakar dare, Juma'a ta shiga, ya kife ya nutse cikin 'yan mintoci. Ashe ruwan da aka ɗebo don ceto shi ne ya zama ajali.

Abin mamaki, wata tashar sojan sama ta Sukotlan, can arewacin Ingila, ita ta tsinci alamar neman agaji ta na'urar jirgin, aka aika da labari Masar ta hannun Faransa. Duk da haka sai da gari ya waye, rana ta ɗaga, kafin masu ceto su isa. An tsamo mutum 388 da rai. Sauran, fiye da dubu, Allah ya karɓi abinsa. Dangi suka taru a Safaga kwana da kwanaki suna jiran suna ko gawa, har fushi ya sa suka fasa ofishin kamfanin.

Kwamitin majalisar Masar ya bincika, ya ɗora laifi bisa kamfanin da hukumomin da ke duba lafiyar jirage. Mai kamfanin, Mamduhu Isma'ila, wanda a lokacin ɗan Majalisar Shura ne, ya tafi Landan. An biya diyya. Cikin Yuli 2008 kotu ta wanke shi, aka ɗaukaka ƙara, cikin Maris 2009 aka yanke masa ɗaurin shekara 7 ba ya nan.

To, almajiran da suka karanta Risala ta Ibn Abi Zaidi sun san hukuncin mai jirgi a babin ijara: ba a ɗora masa ramuwar abin da teku ya ci, kuma ba ya cin kuɗin fito sai ya sadar da kaya inda aka yi alkawari. Amma malaman mazhaba sun bayyana cewa wannan rangwame na wanda bai yi sakaci ba ne, bai kuma ƙetare iyaka ba. Iska da raƙuman ruwa daga Allah su ke, ba mai tambayar bawa a kansu. Toshewar magudana, da ƙin juyawa sa'ad da tudu ke kusa, waɗannan aikin hannu ne, lalle kuwa za a tambaya. Ajali gaskiya ne, amma bai taɓa zama hujjar mai cin amana ba.

Wannan hukunci bai tsaya ga Bahar Maliya ba. Ya hau kan mai kwalekwale a Kwara da Binuwai, wanda ke ƙara buhu bisa buhu ran kasuwa, ya hau kan mai tsohuwar mota da ya ƙara mata katako don ta ɗauki abin da ba a ƙera ta dominsa ba. Fasinja kuma da ya ga kaya sun fi ƙarfin jirgi, ya haƙura ya jira na baya, gama jinkirin yini ya fi zaman makoki sauƙi.

Allah ya jiƙan waɗanda suka rasu, ya karɓi shahadarsu, ya kiyaye matafiya a tudu da ruwa, amin. Haza wasalam.