Karanta Zanen Inbata a Bakin Shuɗin Nilu

Garin Mai Wurno yana bakin Shuɗin Nilu, kudu da Sinnar, a ƙasar Sudan. Hausawa da Fulani da suka yi hijira bayan yaƙin Burmi na 1903 su ne suka kafa shi. Manoman wannan yanki suna ɗaga ruwa daga kogi da famfo. Wasu famfunan da man dizal suke aiki, wasu kuma da hasken rana. Na hasken rana yana da akwati da ake kira inbata. In ta lalace a tsakiyar rani, shuka tana iya bushewa cikin 'yan kwanaki, don haka dole mai gyara ya iya karanta zanenta.

Zanen ba hoton cikin akwatin ba ne. Yana nuna abin da ke haɗe da wani abu ne kawai. Galibi ana karanta shi daga hagu zuwa dama, kamar mai bin ruwa daga babban kwari zuwa gona.

A hagu akwai fayafayan sola da alamar + da −, domin wutarsu gefe ɗaya take tafiya. Daga nan sai fiyus, sai gajerun layuka biyu da ke fuskantar juna, wato kafasita, mai tara wuta. Bayansa akwai tiransisto shida, an jera su bibbiyu a layi uku. Kowanne makunni ne da ke buɗewa yana rufewa sau dubbai a cikin daƙiƙa. Ta haka wutar take komawa mai kai da kawowa, irin wadda injin famfo yake bukata. Can dama akwai da'ira mai harafin M, wato injin, da wayoyi uku: U, V da W.

Inda layuka biyu suka gitta, sai a duba ɗigo. In akwai shi, wayoyin a haɗe suke. In babu, wucewa kawai suka yi.

Zanen yana kuma nuna haɗari iri biyu. In tiransisto biyu na layi ɗaya suka kunnu tare, + ya haɗu da − ke nan, sai su ƙone. Kafasita kuwa yana riƙe ɗaruruwan bolt ko bayan an kashe inbata, kuma wannan wuta tana iya kisa. Saboda haka mai gyara yakan jira, ya auna shi da mita, kafin ya sa hannu.